Ka Karanta wa Innarka Kafin Ka Tafi Poland

Bungudu, ranar Litinin.

Zuwa ga ɗana Junaidu,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina gaishe ka da kyau, ina gaida masu masaukinka a nan Gusau, da fatan zirga-zirgar takardun tafiya ba ta gajiyar da kai ba. Allah Ya tsare ka a inda kake, Ya tsare ka a inda za ka, Ya haɗa ka da mutanen kirki a ƙasar da ba mu da kowa.

Kada ka yi mamakin ganin wasiƙa, alhali tsakanin Bungudu da Gusau ko gyangyaɗi mutum ba ya gamawa a mota. Ka san halina. In na fara magana baki da baki, kafin in kai tsakiya murya ta hau, kai kuma ka sunkuyar da kai kana "to Baba, to Baba," ba abin da ya shige ka. Takarda ba ta tsawa. Labarin gida kuma ba zan ɓata tawada a kai ba, ranar Alhamis za ka zo ka gani da idonka.

Da farko dai ka sani na ji daɗi. Ban nuna maka ba, amma na ji. Ɗana ne za shi Poland ya zauna gaban dattijon da ya ƙare rayuwarsa yana rubuta labarin fim, ya koyi sana'ar daga bakinsa. Sau biyu na sa ka karanta min tarihinsa a wayarka, ka ɗauka ban gane ba ne. Na gane sarai, daɗinsa nake ji. Mutum ya fara da buga wa wasu rubutunsu a keken rubutu, ya yi aiki a zamanin da sai hukuma ta karanta kowane shafi kafin a yarda a ɗauka, an kulle masa wasu labaran a durowa shekara da shekaru, daraktoci sun yi suna da aikinsa shi kuwa sunansa ya wuce fit a ƙarshen fim lokacin da mutane ke neman takalmansu, amma har yau kullum safiya yana zama ya rubuta. Na yi masa hassada, Allah Ya yafe min. Ni ma na taɓa wannan sana'a, ka sani, sai dai ba ka san yadda na fita daga cikinta ba.

Abin da ya sa na ɗauki biro shi ne labarin da ka rubuta, wanda dattijon ya zaɓe ka saboda shi, wanda kuma ka ce za ku mayar da shi gajeren fim a can. Ka bar kwafinsa a ɗakinka, na karanta. Turancina na malamin firamare ne, amma ya ishe ni in gane matar da ke ciki. Matar da jaririyarta ta rasu, ta shekara tana fito da kayan yarinyar duk ranar Juma'a, ta wanke, ta shanya a bayan rumbu, ta ninke ta mayar cikin kwalla, ba ta ce wa kowa komai ba. Innarka ce, Junaidu, kuma kayan ƙanwarka Safiya ne. Rubutun ya yi kyau, har na ajiye shi na fita waje na ɗan tsaya. Amma da na tambaye ka a waya ko ta sani, me ka ce min? "Baba, ai da Turanci ne, kuma a Poland za a yi shi. Ina za ta gani?" Irin wannan amsar na taɓa ba kaina.

Ka taso ka tarar ba ma zuwa Tsafe. Ka san kana da baffa a can, wana Sale, uwa ɗaya uba ɗaya, ka kuma lura ba ya zuwa mana suna, ba ma zuwa masa. Duk lokacin da ka tambaya sai in ce sha'anin zumunci ne, ka bari. Ƙarya nake yi. Sha'anin fim ne, kuma laifina ne daga farko har ƙarshe. Bari in ba ka shi yadda ya faru.

Lokacin ina kwalejin horon malamai mahaifinmu ya riga ya rasu, Yaya Sale ne ke riƙe da gida. Dawar gonarsa nake ci, ita nake ƙunsa in koma makaranta da ita. Yana da shanun huɗa guda biyu. Wata damina, ana tsakiyar huɗa, ɗayan ya kwanta ya mutu. Sunansa Goje, wani baƙin sa mai taurin kai. A irin wannan mako kowa na ta kan gonarsa, ba mai ara maka sa, in kuma ka jira sai an gama, ciyawa ta riga ta shanye shukar. Baffan naka kuwa mutum ne da ya gwammace ya kwana da yunwa da ya tsaya ƙofar wani yana roƙo. Na zo hutu ban san abin da ake ciki ba, na bi shi gona da hantsi, can bayan dutse inda ba hanya. Sai na hango sa ɗaya a gefe guda na karkiya, a ɗaya gefen kuma Yaya Sale ne da kansa, ya naɗe rawaninsa a wuya ya sa kafaɗa yana ja. Matarsa Hurera, wadda ko zaure ba ta leƙawa, ta ci ɗamara tana riƙe da garma a baya.

Ya gan ni ya tsaya, yana haki. Ya ce, "Mi ya kawo ka?" Na tuɓe riga na ce bari in karɓe shi. Ya ce in mayar da rigata, wuyan ɗan makaranta ba zai iya ba. Sannan ya dube ni ya ce, "Ɗahiru, abin ga da ka gani, ya tsaya nan." Na ce to, Yaya. A shekarar dawa ta yi kyau. Mutanen unguwa suka yi ta tambayar juna wa ya ara wa Sale sa, tunda an san nasa ya mutu kuma ga gona ta huɗu tsaf. Bai taɓa ba kowa amsa ba.

Shekaru suka wuce, na zama malami a nan Bungudu, ka zo duniya, zamanin kaset ya kankama. Wasu samari a Gusau suka buɗe ɗan kamfanin fim, suka ji ina rubuta wasan kwaikwayo na 'yan makaranta, suka nemo ni. Na ba su labari biyu, aka yi, ba yabo ba fallasa. Sai suka ce suna son na ƙauye, wanda zai taɓa zuciya. A nan na yi kuskuren farko. Na ɗauko abin da na gani a bayan dutse na rubuta. Wallahi ba da mugun nufi ba. A raina girmama shi nake yi, ina so duniya ta ga irin mutumin da ya riƙe ni. Da maganar da ya yi min ta faɗo min, sai na ce ai Yaya ba ya kallon fim, ko talabijin babu a gidansa, ina zai gani?

To ka ji. Abin da ka gani a cikin gida don kai ɗan gida ne, ba naka ba ne kai kaɗai, ko da kai ka fi kowa iya faɗarsa. Kyakkyawar niyya kuma ba izini ba ce. Ni da na yi niyyar girmamawa, ban tambayi mutumin ko yana son a girmama shi ta wannan hanya ba. Ban tambaya ba ne don na san amsar da zai ba ni. Ka binciki ranka, in kai ma dalilin ke nan da ya hana ka gaya wa Innarka, to ka riga ka san ba daidai kake ba.

Kuskure na biyu, na ɗauka canza suna ya isa. Na mayar da Sale ya zama Tanko, na mayar da Tsafe wani gari da babu shi, na ce shi ke nan na rufa asiri. Amma na bar gonar a bayan dutse, na bar rawanin a wuya, na bar sunan san, Goje. Na gwada cire su sai na ga labarin ya yi lami, sai na mayar. Abubuwan da suka sa labarin ya yi rai su ne dai suka nuna mai shi. Kai ma na ga ka canza sunan Safiya, ka mayar da garin wani gari. Amma ranar Juma'ar tana nan, bayan rumbun yana nan, har ƙaramar hular ulu mai ruwan ɗorawa da Innarka ta saƙa da hannunta ka sa. Kana ganin matan layinmu, waɗanda suka yi shekara suna hango shanyar nan ta saman katanga suna kawar da kai don kunya da tausayi, za su kalla su ce ba su gane ba? Kuma kada ka sake ce min Poland nesa ce. A zamanina sai da kaset ya hau mota kafin ya kai Tsafe. Yanzu kai da kanka ka san abin da aka saki da safe a wata ƙasa, kafin la'asar yana wayar mai shayin bakin tasha.

Na uku shi ne lalaci, ba ni da wani sunan da zan ba shi. A lokacin yadda muke aiki, marubuci ya zayyana labari a 'yan shafuka, ya ce a nan miji ya shigo, a nan suka yi faɗa, a nan aka yi kuka, sauran kuma 'yan wasa su cika da bakinsu a gaban kyamara. Haka na yi. Fitowar gonar gaba ɗayanta layi uku na ba ta. Na miƙa takardu na koma aji. A wata gona wajen Rawayya aka ɗauki fim ɗin, tafiyar da ko a keke zan iya, amma ban je ba, wai ni malami ne, ba zan tsaya cikin rana da 'yan wasa ba. Darakta ya duba ya ga fim ba dariya, ya ce ba zai karɓu ba, ya ba wani ɗan barkwanci matsayin Tanko. Shi kuwa da aka ɗora masa karkiya ba a ba shi abin faɗa ba, sai ya yi abin da ya iya. Ya yi kukan sa, ya tsinki ciyawa ya tauna, ya yi tutsu, matar tana bin sa da tsumagiya tana "Goje, tafi mana!" Abin da na gani da idona na kasa cin abinci ranar, shi ne ya koma haka.

Ban ɗora wa ɗan wasan laifi ba, bai san Sale ba. Ni na san shi, ni kuma na bar wurin fayau. Saboda haka ka rubuta komai, Junaidu. Abin da za a faɗa, da inda za a yi shiru, da abin da ba a yarda a yi ba. Ka ce min dattijon naka yakan sake rubuta fitowa ɗaya har sai takardar ta gaji, kuma yakan je wurin ɗauka ya zauna a gefe ko ba a gayyace shi ba, har daraktoci na jin haushinsa. Wannan shi za ka koyo, ba yadda ake sa hular sanyi a ɗauki hoto ba. Ni ban taɓa sake rubuta shafi ɗaya ba a rayuwata, ina gamawa nake ganin ya yi. In ka miƙa labarin mahaifiyarka ga mutanen da ba su taɓa ganin ta ba, ba su san me ake nufi da kunya a wurinmu ba, duk gurbin da ka bari da nasu tunanin za su cika shi.

Na huɗu ya fi ci min rai, domin a nan ne nake da damar tsayar da abin ban tsayar ba. Kafin a saki kaset ɗin sun kira ni ofishinsu a Gusau na kalla. Muna zaune a kan benci, ɗaki cike. Fim na farawa sai ga sunana ɓaro-ɓaro a talabijin, an rubuta labari daga Malam Ɗahiru. Ban taɓa ganin sunana a jikin wani abu da ya wuce rajistar makaranta ba. Kaina ya yi girma. Da aka zo wurin gonar ɗakin ya kece da dariya, wani har yana faɗowa daga benci, ana dukan kafaɗata ana cewa Malam ka iya. Na san abin da nake kallo. Da na miƙe a lokacin na ce a cire, da an yi rigima, amma da an cire, don ba a buga kaset ko ɗaya ba tukuna. Ban miƙe ba. Na yi dariya tare da su. Ina so ka karanta wannan layin sau biyu: ubanka ya yi dariya.

Za a yaba maka a can, na tabbata. Za su ce ba su taɓa ganin irin wannan labari ba, za su tafa, wata ma ta share hawaye. Ba laifi ka ji daɗi. Amma yabo yana kashe wa mutum baki a daidai lokacin da ya kamata ya yi magana, na gani a kaina. Dattijon zai gaya maka labarin ya yi kyau, kuma gaskiya ya faɗa, aikinsa ke nan. Sai dai shi bai san Bungudu ba, ba shi zai dawo ya durƙusa a ƙofar ɗakin Innarka ya gaishe ta ba. In ka ga an karkata abin zuwa inda ranka bai kwanta ba, ka yi magana tun kuna ɗaki ɗaya, ko da za a ce yaron nan baƙar fata ya cika gardama.

Kaset ya isa gidajen kallo na Tsafe. Ba a yi mako ba mutane suka haɗa lissafin da kansu: ga sunan ƙanen Sale a farko, ga gona a bayan dutse, ga Goje. Tambayar da suka yi shekaru suna yi, wa ya ara wa Sale sa, ni na ba su amsarta, da dariya a kai. Aka fara kiransa Sale Goje. In ya ratsa kasuwa sai wani ya yi kukan sa daga bayan rumfa. Dattijo mai iyali, mai furfura. Ya daina shiga kasuwa, ya canza masallaci. Hurera kuwa ta je wani biki, wata ta tambaye ta a gaban mata wai har yanzu tana da tsumagiyar. Daga ranar ba ta ƙara zuwa taron mata ba. Yaya bai kalli fim ɗin ba, kamar yadda na yi hasashe. Bai buƙaci kalla ba, gari ya kalla masa.

Kuskure na biyar, ban je da kaina ba. Tsoro ya kama ni, sai na yi abin da muka saba, na nemi wani dattijo abokin mahaifinmu, na ba shi goro ya kai, ya ba da haƙuri a madadina. Ya dawo min da goron ko kwance ganyen ba a yi ba. Ya ce Sale ya saurare shi har ya gama, sannan ya ce, "Da ƙafarshi ya zo gonar ya gani. In yana da magana, ya taho da ƙafarshi." Ka san yadda na ji wannan saƙo? Na ji shi a matsayin wulaƙanci. Na ce ni da na aika babban mutum, a mayar min da goro? Na yi fushi, ni mai laifi. Da fushin ya huce sai na ce bari ƙura ta lafa, in je bayan Sallah. Bayan Sallah na ce bayan kaka. Da aka shekara sai kunyar rashin zuwan ta fi kunyar laifin, kullum kuma tana ƙaruwa.

Sau ɗaya na taka Tsafe tun daga nan, ranar da Hurera ta rasu, kana aji uku na sakandare. Na shiga cikin ayarin masu gaisuwa, na miƙa masa hannu kamar kowa, na ce Allah Ya jiƙanta. Ya ce amin, bai ɗago ba. Na zauna a bakin tabarma na ɗan lokaci na sulale. A mota ina dawowa ne ya faɗo min cewa duk shekarun nan gafarar Yaya nake tunani, ban taɓa tunanin tata ba, ita da ta riƙe garmar da ta ciyar da ni. Yanzu kuma babu inda zan same ta. Wannan yana nan a ƙirjina har gobe, ba ya raguwa. Don haka abin da ya kamata ka faɗa wa mutum, ka faɗa masa da bakinka yana raye. Kada ka aika, kada ka turo saƙon waya daga Poland, kada kuma ka ce sai ka dawo hutu.

Na ƙarshe, na daina rubutu. Na tattara littattafaina na cusa a murhu, na ce na tuba. Mutane suka ce Malam ya kama kansa. Ba tuba ba ce, gudu ne. Ƙona takarda bai cire wa Sale sunan da aka laƙa masa ba, bai mayar da Hurera cikin mata ba. Ni dai na samu abin da zan riƙa gaya wa kaina, cewa ai na biya. Dattijonka an kulle masa labarai, an hana shi aiki, bai ajiye biro ba. Ni ba wanda ya hana ni, na ajiye don in huta da tunani. Kuma da ka fara cika littattafan makaranta da labarai kana ɓoyewa a ƙarƙashin katifa, tsawar da na riƙa yi maka ba don karatunka ba ce kamar yadda na ce. Kaina nake gani a jikinka, ina jin tsoro. Ka yafe min wannan. Ba cewa nake ka bar rubutu ba, ka fi ni iyawa nesa ba kusa ba, in ka bari ma ni da kai ne.

Ga abin da nake so. Ranar Alhamis in ka zo, ka ci abinci, ka ɗauki takardun labarin naka ka shiga ɗakin Innarka. Ka karanta mata da Hausa, shafi bayan shafi. Ba taƙaitawa ba, ba "Inna wani ɗan labari ne a kan haƙuri" ba, na san wayonka. Har wurin hular. Ka gaya mata za a ɗauka a fim, wata mace za ta fito a matsayinta, kuma wata rana zai iya shigowa wayoyin garin nan. Sannan ka rufe bakinka ka jira. Ni ba zan gaya mata ba, ba zan lallashe ta don kai ba, ba kuma zan zuga ta ba. Zan fita masallaci in bar muku gidan.

Na san nauyin abin da nake ɗora maka. Tana iya cewa a'a. In ta ce a'a, sai ka rubuta wa dattijon ka gaya masa gaskiya, ka ce za ka kawo wani labarin. Yana iya fahimta, mutumin da ya san zafin a taɓa masa rubutu ya kamata ya san zafin a taɓa wa mutum rayuwa. Yana kuma iya cewa wannan labarin ya zaɓa, ba wani ba, gurbin ya tafi ga wani. Ban ɓoye maka ba, hakan na iya faruwa, kuma zai yi min ciwo kusan yadda zai yi maka. Amma na ga mutumin da ya zaɓi fim a kan ɗan'uwansa, kullum ina aske masa gemu a madubi, ba na yi maka fatan zama shi. Tana kuma iya cewa to, ta ce a cire kaza a bar kaza. Innarka ta fi mu zurfi ni da kai, shekara talatin ina zaune da ita ban isa in ce ga abin da za ta faɗa ba. Ko me ta ce, nata ne.

Sauran nasihohi ka sha jin su. Ka riƙe salla ko da rana ta ƙi fitowa yadda ka saba, ka tambayi abin da ke cikin tukunya kafin ka kai baki, ka sa rigar sanyin da aka saya maka ka bar gayu. Ka girmama dattijon kamar yadda za ka girmama malaminka na allo, addininsa nasa, iliminsa kake nema. In ya yi maka gyara mai zafi kada ka kumbura, wannan halin a wurina ka gado shi, bai kuma amfane ni da komai ba.

Saura abu ɗaya. Da na kai nan a rubutun na karanta daga sama, sai na ji kunya ta kama ni. Ina tura ka ɗakin Innarka ka yi abin da ni na kasa yi tun kana rarrafe. Ba ni da bakin da zan umarce ka ina zaune. Saboda haka in Allah Ya sa tafiyar ta tabbata, motar da za ka shiga ranar Asabar zuwa filin jirgi, ta Tsafe za ta bi, ka kama mana kujera biyu a tasha. In kuma tafiyar ta fasa, ni tawa ba ta fasa ba. Zan sauka a Tsafe. Ban aika kowa ba, ba zan riƙe goro ba. An ce min idonsa ya yi rauni, yana yini a zaure. Ban san ko zai amsa sallamata ba, ban san ko zai bari in zauna ba, kuma wallahi tsoro nake ji kamar yaron da aka kira ofishin hedimasta. Amma ya ce in taho da ƙafata, zan je da ita tun tana ɗaukata.

Allah Ya tsare mana hanya, ka san halin da take ciki. Allah Ya kai ka lafiya, Ya kare ka daga sharrin mutum da na kanka, Ya sa albarka a biron da ke hannunka, Ya hana shi cutar da wanda ya yarda da kai. Ya dawo mana da kai muna raye, fuskarka a sake, ba ka da ƙofar da kake jin nauyin shiga. In ka ga na sauka motar ta tashi, kada ka tsaya leƙe ta taga, ka ɗaga hannu ka yi min addu'a, ranar na fi ka buƙata.

Wassalam.

Mahaifinka,
Ɗahiru